Shirun Lukerya

Zaruchye, 9 ga Satumba, 1973

Zuwa ga ƙanwata Taisiya,

Gaisuwa mai yawa daga yayarki Ustinya. Mama na gaishe ki. Goggo Fekla ma na gaisuwa, ta ce har yau tana jiran hoton da kika yi mata alkawari. Muna nan lafiya, sai ƙafar Mama da ke kumbura idan hadari ya haɗo. Ni kuwa kin san ni, daga tatsar shanun gonar tarayya sai gida. Mun haƙe dankali kafin sanyi ya kama ƙasa. Bai kai na bara ba, amma zai fitar da mu.

Abin da ya zaunar da ni rubutu shi ne mun yi baƙi. Wata malama ce daga can Leningrad, Rimma Osipovna, da ɗalibanta mata biyu, da na'urar ɗaukar murya mai nauyin ɗan maraƙi. An gaya musu duk bakin kogin Pinega babu mai tatsuniya da kukan mamaci kamar Lukerya ta Zaruchye, wato Mama. Da farko Mama ƙi ta yi. Ta ƙare wa na'urar kallo ta ce, "Ni ban taɓa yi wa akwati tatsuniya ba. Ina kunnensa?" Malamar ta nuna mata. Ta ce, "To idon fa? Da me zan gane ya gaji da ni?" Sai da Goggo Fekla ta ɗauko saƙarta ta zauna a gabanta, sannan bakin ya buɗe.

Kwana huɗu suka yi, ta ba su tatsuniya talatin da ɗaya. Kukan mamaci ne kawai ta hana su. Ta ce ba a tayar da wannan kuka idan babu gawa a ɗaki, in an tayar da shi zai fita ya nemo wa kansa gawa. Malamar ta yi magiya har ta gaji.

Ranar tafiyarsu Mama ta ce musu akwai waɗanda suka ɓace mata, amma autarta ta kwashe su kaf tun tana 'yar mitsitsiya a kan babban murhun bulon da muke kwana a kansa don ɗumi, kuma a garinsu take tana koyon aikin jinya. Na ba su adireshin masaukinku.

Mama ta ce in tambaye ki ko za ki zo sabuwar shekara. Ta ajiye miki kifin da kike so a cikin gishiri.

Yayarki,
Ustinya

Leningrad, 2 ga Oktoba, 1973

Yaya Ustinya,

Na samu wasiƙarki, na ji daɗi kuna lafiya. Ni ma lafiya lau, sai mura da ta bi duk ɗakinmu. Ki gaishe da Mama da Goggo Fekla. Ga safa mai kauri nan da man shafawa, na Mama ne, ki riƙa murza mata ƙafar safe da yamma.

Yaya, wa ya aike ki ba da adireshina? Malamar taku ta zo. Mai tsaron ƙofa ta tsaya a tsakiyar zaure ta ƙwala kira, "Taisiya! Sauko, ana neman ki ki yi tatsuniya!" A gaban kowa. Yanzu duk hawa na uku Kaka suke kira na. Jiya wata ta ce, "Kaka, in mun wanke kwanuka za ki ba mu ta dabban dajin nan, beyar, da ya zo neman aure?" Shekara biyu na yi ina goge harshen ƙauye daga bakina, don kada marasa lafiya su riƙa tambaya ta daga wane daji aka kamo ni. Rana ɗaya kun mayar da ni inda na fito.

Na ce wa malamar na manta. Ta bar mini takarda da lambar ofishinta, ban san ma inda na jefa ta ba.

Sabuwar shekara ba zan samu zuwa ba, mu 'yan aji biyu ne ke riƙe ɗakunan jinya lokacin hutu. Sai rani. Kuma ki gaya wa Mama ta bar sa ni cikin waɗannan abubuwa. A nan kullum mutane na mutuwa a kan gado mai lamba, babu mai yi musu kuka da waƙa, kuma ban ga ƙasa ta ƙi karɓar ko ɗaya ba.

Ƙanwarki,
Taisiya

Zaruchye, 14 ga Nuwamba, 1973

Taisiya,

Gaisuwa. Ni ina lafiya. Wasiƙarki ta yi wata a hanya, sai da kogi ya daskare aka ƙetaro da ita.

Na karanta wa Mama ranar Laraba. Tun ranar Alhamis ba ta sake magana ba. Tana kwance, fuskarta na kallon bango. Sauran kin riga kin sani, ba sai na maimaita a takarda ba. Muna duban hanya.

Ba ni da lokacin rubutu.

Ustinya

Leningrad, 3 ga Disamba, 1973

Yaya,

Ina gaisuwa, ina fatan kuna lafiya. Ni lafiya.

Sauran na sani, ƙwarai kuwa. Na san shirun Mama. Na tuna shekarar da marigayi Baba ya ba da akuyarta ba tare da ya tambaye ta ba, ta yi kwana arba'in tana ajiye masa miya a gabansa ba uffan, amma da maƙwabta sun shigo sai tatsuniya da dariya. Yanzu layi ya zo kaina ke nan. Kalma biyu na faɗa, kuma ba ƙarya na yi ba.

Ku daina duban hanya. Ba zan bar marasa lafiya talatin in yi tafiyar kwana uku don in zo in durƙusa wa bayan mutum ba. Idan ta huce, ki rubuto mini. Kafin nan ba ni da abin cewa.

Taisiya

Zaruchye, 20 ga Fabrairu, 1974

Zuwa ga ƙanwata Taisiya,

Gaisuwa. Ni ina nan a tsaye. Goggo Fekla na gaishe ki.

Wasiƙarki ta Disamba na karanta ta sau uku ban gane ba. Na ce ko birni ne ya mayar da ke haka. Na sa ta bayan hoton tsarkaka na bar ta. Shekaranjiya Arkhip mai kawo wasiƙu ya shigo shan shayi, yana ta juya hularsa a hannu, sai ya ce, "Ustinya, akwai abin da ban gaya miki ba. Saƙon telegiram ɗin nan da kika ba ni in buga wa ƙanwarki, ranar dusar ƙanƙara ta tsinke layin. Na ce gobe, na ce jibi, daga baya kunya ta hana ni." Na ƙara masa shayi.

To ashe ba ki sani ba. Bari in faɗa miki dalla-dalla.

Ranar Alhamis ɗin nan na dawo daga tatsar safe na tarar da Mama a ƙasa kusa da bokitin ruwa, ludayi a hannunta. Ɓarin jikinta na dama ya shanye, bakin ya karkace. Malamin asibiti ya zo bayan kwana biyu, ya ce jini ne ya fashe a kai, ba a ɗaukar irinta a kan hanya. Mun sauko da shimfiɗarta daga kan murhu zuwa benci. Fuskarta na kallon bango ne don ta nan kawai take iya kwanciya.

Tana gane mutane. Tana ci idan an ba ta. Maganar ce ta tafi, in ban da abu ɗaya. Kin san yadda take buɗe tatsuniya, "An yi wani tsoho da wata tsohuwa." Shi kaɗai ya rage mata. Idan ruwa take so, an yi wani tsoho da wata tsohuwa. Idan ta ɓata shimfiɗa, shi ne. Wani lokaci takan faɗe shi da irin muryar da, har Goggo Fekla ta ajiye saƙa ta gyara zama, sai Mama ta tsaya nan, baki buɗe, tana kallon mu kamar mu ne muka ɓoye sauran.

Da Kirsimeti tsohon Kapiton ya rasu. 'Ya'yansa sun zo har bakin ƙofa, bisa sabo, don su ɗauki Mama ta yi masa kuka. Suka leƙo, suka tuna, suka cire hula suka juya.

Ina tashi ƙarfe huɗu, in juya ta, in tafi wurin shanu, Goggo Fekla ta zauna da ita, in dawo in wanke tsummoki. Ba na jin gajiya. Ba na jin komai, in gaya miki gaskiya. Ba don in sa ki kuka na rubuto ba, don ki sani ne.

Yayarki,
Ustinya

Leningrad, 11 ga Maris, 1974

Yaya Ustinya,

Ina gaishe ki, ina gaishe da Mama. Ki faɗa mata a kunnen hagu, ta nan za ta fi ji. Ni lafiyata ƙalau.

A tsaye na karanta wasiƙarki a bakin ɗakin jinya, na ninke ta na sa a aljihu, na shiga na ci gaba da ba wata tsohuwa kunu. Irin ciwon Mama gare ta. Shida gare mu masu irinsa. Tun Nuwamba nake juya su, ina share musu baki.

Ki riƙa juya ta duk bayan awa biyu, ko da ba ta so. Ki duba ƙugu da diddige, in kin ga ja ki shafa man da na sa a ƙunshin nan. Abinci ta gefen hagu na baki, kaɗan-kaɗan, tana zaune, kada a kwance. Ki riƙa miƙe mata yatsun hannun da ya mutu, ki sa mata dunƙulen tsumma a tafin.

Na nemi izini. Shugabar makarantarmu ta ce sai bayan jarrabawa, ƙarshen Afrilu, in ba haka ba shekarar ta zube. Na tsaya a gabanta ina jiran in ji bakina ya ce to ta zube. Bai ce ba.

Na nemo ofishin Rimma Osipovna. Ba ta yi mini gori ba. Ta zaunar da ni a wani ɗaki mai kantoci har rufi, ta ɗauko faifai mai lamba, ta sa mini abin ji a kunne. Tatsuniyar matar masunci ce, wadda ta bi mijinta ta ramin da ya fasa a ƙanƙara. Muryar Mama tar, kamar tana bayan wuyana. Ana jin allurar saƙar Goggo Fekla. A daidai inda matar ta isa gidan mai kogi, sarkin ƙarƙashin ruwa, aka jera mata mazajen da ruwa ya ci, duk fuskarsu iri ɗaya, aka ce ta nuna nata, sai na ji ƙofa ta buɗe, na ji muryarki kin ce, "Mama, shayinki fa ya huce." Ta ce, "Bar shi ya huce, mutum na ƙarƙashin ruwa ana maganar shayi." Kowa ya yi dariya. Can kaɗan faifan ya ƙare. Ashe ɗalibar ba ta lura ba, kafin ta sa wani Mama ta kai ƙarshe, kuma ta ƙi maimaitawa.

Malamar ta ce, "Ko kin san yadda ta ƙare?" Na buɗe baki in ce a'a, sai ga shi yana fitowa, da harshen gida, yadda matar ta bi su ɗaya bayan ɗaya tana shafa gwiwar hannun rigarsu har ta taɓa facin da ta ɗinka da zaren da ta tsinka da haƙori, da yadda mai kogin ya ce ta ɗauki mijin amma ta bar masa muryarta a madadinsa. Na kai ƙarshe. Ta rubuta. Ta yi mini godiya. Na fito na hau mota na koma aiki. Ina ta jiran wani abu ya motsa a ƙirjina, shiru.

Abu ɗaya zan tambaye ki, Yaya, kuma ki gaya mini gaskiya. Wasiƙata ta Oktoba, duka kika karanta mata? Har wurin gado mai lamba?

Ƙanwarki,
Taisiya

Leningrad, 8 ga Mayu, 1974

Yaya,

Ina gaisuwa. Na dawo lafiya. Ban san ko kin san na zo ba, shi ya sa nake rubutowa.

Telegiram ɗinki ya same ni ranar Litinin da rana: Mama ta rasu, taho. Na hau jirgin ƙasa zuwa Arkhangelsk, na kwana biyu ina jiran ƙaramin jirgin sama saboda filin garin gunduma ya zama taɓo. Da jirgin ya sauke ni a can, wani direban motar ɗaukar katako ya ɗauke ni. Tun a hanya ya ce, "'Yar'uwa, wahalar banza za ki yi, kogi ya tashi tun jiya." Na ce ya dai kai ni.

Ranar Alhamis da hantsi na isa bakin ruwa. Ƙanƙara ta farfashe tana tafiya, manya kamar rufin ɗaki, suna hawa kan juna. Mai kwalekwale yana zaune a kan kwalekwalensa da ya kifa, yana shan taba. Ya ce, "Ko uwata ce a can ba zan sa shi a ruwa ba. Sai nan da kwana biyar, in Allah ya so."

Ina hangen gidanmu. Hayaƙi na fita. Can na ga mutane sun fito sun nufi tudun maƙabarta, ƙanana kamar tururuwa, da doki a gaba. Na cire ɗankwali na kasa kunne. Kin san tun muna yara ko daga wannan ƙetaren ana jin kukan rakiyar gawa, iska na kawo shi. Ban ji komai ba, sai ƙarar ƙanƙara. Sai na ce wa kaina ai ba ita ba ce, kabari suka je haƙa, ba za a kai Mama a shiru ba. Na zauna a kan gungume har suka sauko.

Na kwana biyu a gidan mai kwalekwalen. Matarsa ta ba ni miyar kifi, na sha. Izinina ya ƙare, na juyo.

Ki gaya mini ranar da aka binne ta, don in san lissafin kwana arba'in.

Taisiya

Zaruchye, 26 ga Mayu, 1974

Zuwa ga ƙanwata Taisiya,

Gaisuwa daga yayarki. Ina lafiya. Goggo Fekla na kwance da ciwon baya, amma tana gaishe ki. Ruwa ya sauka, jirgi ya fara zuwa, shi ya kawo wasiƙarki.

Ranar Alhamis ɗin ce. Abin da kika gani shi ne. Mun jira ki kwana uku, ɗaki ya fara ɗumi, ba yadda za mu yi.

Ranar Lahadi da rana ta tafi. Na ba ta kunu ta sha cokali huɗu, na fita in shanya tsummoki, na dawo na tarar an gama. Ba ta sha wuya ba, ko kuma ta sha ban gani ba. Bayanta bai yi gyambo ko ɗaya ba, matan da suka yi mata wanka sun yaba. Na yi yadda kika ce.

Kin tambaye ni tun Maris, ban amsa ba. Duka na karanta mata. Kin san karatuna, sai na kai ƙarshen layi nake sanin abin da ya ce, ban iya tsallakewa ba. Da na gama ta ce, "Gaskiya ta faɗa, ƙasa ba ta ƙin kowa. Ai ba don ƙasa ake yi ba. Don masu komawa gida ake yi, su samu su iya cin abinci." Daga nan ta ce in miƙo mata safar ta gwada. Ta ce ta yi mata daidai. Ko maganarki ce ta kayar da ita, ko ba ita ba ce, ban sani ba. Malamin asibiti ya ce irin wannan jini yakan yi shekaru yana taruwa. Abin da na sani ke nan, ba zan ƙara ba, ba zan rage ba.

Mutane sun zo da yawa, duk wanda ke wannan ɓangaren kogi ya zo. Babu gidan da Mama ba ta yi wa mamacinsa kuka ba, tun daga waɗanda takardar mutuwarsu kawai ta dawo lokacin yaƙi. Da aka ajiye akwatin a bakin rami sai kowa ya tsaya yana jira, kamar yadda aka saba, a ji ta inda muryar za ta tashi. Aka daɗe. Matan suna satar kallon juna. Goggo Fekla ta matso ta dafa akwatin ta fara, "Ina za ki, 'yar'uwata, ba ki ɗaura ɗankwalin tafiya ba," ta ja layi biyu, sai ta tsaya. Ta juyo ta ce mini, "Ustinya, me ke biye? Shekara hamsin ina jin ta." Na ce ban sani ba, Goggo. Ni kullum ina wajen tukwane ne idan ana yi.

Arkhip ne ya taɓa ni ya nuna ƙetare. Muka ga mutum ɗaya a bakin ruwa, kai ba ɗankwali. Daga tsayuwar na gane ki.

Maza suna riƙe da igiya suna jira na. Sai na sunkuya na ce da muryata ta kullum, "Mama, Taisiya ta zo. Tana ƙetare, ruwa ne ya hana ta." Shi ke nan abin da aka faɗa a kanta. Suka saukar, muka zuba ƙasa, muka dawo gida. An dafa abin sadaka, mutane sun zauna, ba wanda ya ci na kirki. Rabin tukunyar kaji na ba.

Kwana arba'in zai cika shida ga Yuni. Ba sai kin zo ba, na san ba za su bar ki ba. Ki kunna kyandir a can in akwai inda ake kunnawa.

Na mayar da bencin wurinsa. Har yanzu ƙarfe huɗu nake farkawa in miƙa hannu in juya ta. Ban yi kuka ba tukuna, Goggo Fekla ta ce zai zo da kansa, kada in matsa masa. Gobe zan fara shuka dankali, rabin gonar kawai, baki ɗaya ne yanzu.

Idan za ki zo lokacin yankan ciyawa, ki taho da allurar keken ɗinki, tawa ta karye.

Yayarki,
Ustinya